Yatsa ya yanke, likita ya rubuta S68: abin da ya kamata ku sani

Duk wanda ya taɓa tsayawa bakin rijiya a arewacin Dakoro da rani ya san yadda ake jan ruwa a can. Rijiya ce mai zurfin gaba da yawa. An ɗaura igiya a jikin raƙumi ko sa, yaro yana kora, wasaki yana tasowa cike da ruwa, wani kuma yana tsaye yana jiran ya tarbe shi. Idan igiyar ta naɗe yatsa daidai lokacin da dabbar ta zabura, kafin ka ce kwabo yatsa ya tafi, ko kuma ya tsaya yana reto da ƴar fata. Haka bel ɗin injin niƙa yake yi wa mai niƙa. Haka sarƙar babur take yi wa ɗan kabu-kabun da ke shafa mata mai alhali inji na tashe. Ga adda, ga gatari, ga wuƙar fawa ranar layya, ga ƙofar mota da ke datse yatsun yara.

Bayan an tsayar da jini an ɗaure hannu, sai a miƙo muku takarda. Rubutun da Faransanci ne, wani lokaci kuma a gefe akwai harafi da ƴan alƙaluma, kamar S68.1. Yawancinmu ninke ta muke yi mu cusa a aljihu, ta sha gumi, ta yage, ta ɓace. To amma ranar da za a je neman haƙƙi wurin ubangida, ko gaban alƙali, ko babban asibiti, wannan takardar za a fara tambaya tun kafin a dubi hannun.

Mece ce wannan lamba?

Suna ne na ciwo, amma da harafi da alƙaluma. Hukumar Lafiya ta Duniya tana da wani babban kundi da ta jera cututtuka da raunuka a ciki, kowanne da lambarsa. A Nijar da sauran ƙasashen da ke aiki da Faransanci ana kiran kundin CIM, a Nijeriya kuma ICD. Abu ɗaya ne. Idan kun ga an rubuta CIM-10, ana nufin bugu na 10.

Amfaninsa a fili yake. Ku a gida za ku ce yatsa ya guntule, wani ya ce ya datse, wani ya ce ya fita. Ma'aikacin jinya zai rubuta da Faransanci, likitan Kano da Turanci. Amma S68.1 a Dakoro ita ce S68.1 a Maraɗi da Yamai da Alƙahira. Da lamba ake ƙidaya, da ita ake adana bayani a kwamfuta, da ita kuma kamfanonin inshora suke gane abin da ake neman su biya.

Lambar ba magani ba ce, ba kuma lambar layi ba ce. Ba ta nuna cewa ciwonku ya fi na wani tsanani don alƙalumanta sun fi yawa.

Wa ya ƙirƙiro ta?

Wani likita Bafaranshe, Jacques Bertillon, wanda ke kula da ƙididdigar birnin Paris, shi ya gabatar da jerin dalilan mutuwa a wani taro a Chicago ta Amurka a 1893, ƙasashe suka riƙa ɗauka. A 1948 Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi ragamar kundin, aka faɗaɗa shi ya haɗa da cututtuka da raunukan da ba su kai ga kisa ba. An amince da bugu na 10 a 1990, ƙasashe suka fara aiki da shi daga 1994. Bugu na 11 kuma an amince da shi a 2019, ya fara aiki ranar 1 ga Janairun 2022. Sai dai sauya kundi a ƙasa guda aiki ne na shekaru, shi ya sa har yanzu lambobin bugu na 10 ne suka fi yawa a takardun asibiti. A bugu na 11, yankewar hannu da yatsu tana ƙarƙashin NC59.

Yaya ake karanta S68?

Harafin S yana nufin rauni a wani sashe na jiki. Daga S60 zuwa S69 duk raunukan wuyan hannu ne da tafi da yatsu. S68 kuwa ita ce yankewa ta haɗari, wato wadda ba likita ne ya yi ta da gangan a ɗakin tiyata ba. Alƙalamin da ke bayan ɗigo shi ke faɗin abin da ya yanke.

S68.0 babban yatsa ne. S68.1 yatsa ɗaya ne daga cikin sauran huɗun. S68.2 yatsu biyu ne ko fiye, ba tare da an taɓa tafin hannu ba. Idan yatsu sun tafi tare da wani yanki na tafi, kamar yadda injin sussuka ke yi, S68.3 ke nan. Idan hannun ne ya fita daga wuyansa, S68.4. Akwai kuma S68.9, wadda ke cewa an yanke amma ba a faɗi daga ina ba. Wannan ta ƙarshe lambar ragwanci ce idan mai rauni yana zaune a gaban mai rubutu, don babu abin da zai hana a duba a faɗi wurin.

Kun ga an ware wa babban yatsa lamba shi kaɗai. Da dalili. Likitocin hannu suna lissafa shi da kusan kashi 40 cikin 100 na aikin hannu gaba ɗaya. Ku gwada riƙe ƙotar hauya, ko tatsar nono, ko ɗaure igiya ba tare da shi ba, za ku gane.

Akwai lambobi maƙwabta da ake yawan rikita su da wannan. S61.0 yanka ce a yatsa wadda ba ta taɓa farce ba, S61.1 kuma wadda ta lalata farce. S67.0 murƙushewar yatsa ce, kamar wanda dutse ko ƙofa ta matse. S62.5 da S62.6 karayar ƙashin yatsa ne. Galibi idan ɗan naman kan yatsa ne kawai ya zare, ƙashi bai taɓu ba, cikin S61 ake saka shi. Idan ƙashi ya tafi, an shiga S68. Tsakanin waɗannan biyun akwai tazara mai yawa ranar biyan diyya.

"Ya fita" ko "yana reto"?

A nan ne aka fi samun ruɗani, har a tsakanin ma'aikata.

A takarda za ku iya ganin kalmar "complète" ko "partielle". Ta farko tana nufin yankewa cikakkiya: guntun ya rabu da jiki, ana iya ɗaukarsa daga ƙasa. Ta biyu tana nufin yankewar da ba ta cika ba: yatsan ya yanke amma akwai fata, ko jijiya, ko tsoka da ke riƙe da shi. Matsalar ita ce mutane da yawa, idan suka ji an ce yankewar ba cikakkiya ba ce, sai su ɗauka ana nufin rabin yatsa ne ya tafi, rabi ya saura. Waɗannan tambayoyi biyu ne daban. Ta farko: daga ina ya yanke? Ta biyu: ya rabu ko bai rabu ba? Mutum zai iya rasa kan yatsa kawai, amma yankewar cikakkiya ce, don guntun ya faɗi. Wani kuma yatsansa ya yanke tun daga gindi, amma ba cikakkiya ba ce, don fata na riƙe da shi.

Tambayar "daga ina" tana buƙatar ku san ƙirar yatsa. Kowane yatsa yana da gaɓa uku, babban yatsa kuma biyu, jimla ƙasusuwa 14 a hannu ɗaya. Likitoci suna rubuta P1 ga gaɓar da ke kusa da tafi, P2 ga ta tsakiya, P3 ga wadda ke ɗauke da farce. Idan kun ga "P3 index droit", ana nufin gaɓar farce ta manunin hannun dama. "Pouce" babban yatsa ne, "index" manuni, "majeur" na tsakiya, "annulaire" na zobe, "auriculaire" ƙarami. "Droit" dama, "gauche" hagu.

Ga abin da ya kamata ku riƙe: a kundin Hukumar Lafiya ta Duniya bugu na 10, cikakkiyar yankewa da wadda ba ta cika ba lamba ɗaya suke ci. S68.1 ba ta faɗin dama ko hagu, ba ta faɗin manuni ko ƙarami, ba ta faɗin gaɓa ɗaya ko uku. Wanda ya rasa kan ƙaramin yatsansa na hagu da telan da ya rasa manunin damansa ɗungurungum, duka S68.1 ne. An yi kundin ne don ƙidayar jama'a, ba don shari'ar mutum ɗaya ba. Saboda haka lambar kaɗai ba za ta tsaya muku ba. Kalmomin da aka rubuta kusa da ita su ne shaidarku.

Me ya sa wasu lambobin suke da tsawo?

Idan kun bincika a intanet, ko wani ɗan uwa ya aiko da takarda daga waje, za ku iya cin karo da lamba irin S68.620A. Wannan tsarin Amurka ne. Sun ɗauki kundin duniya suka faɗaɗa shi har ya kai lambobi wajen dubu 70, suka fara aiki da shi ranar 1 ga Oktoban 2015. A can, lamba ce ke sa kamfanin inshora ya biya asibiti ko ya ƙi, don haka har sana'a ce guda, mutum ya zauna ba ya komai sai karanta rubutun likita yana mayar da shi lamba.

Mu warware waccan. S68 mun san ta. Alƙalami 6 da ke bin ɗigo yana cewa an yanke ta cikin tsawon yatsa, ba daga mahaɗarsa da tafi ba, kuma ba babban yatsa ba ne. Sai 2, wato yankewar ba ta cika ba. Da ta cika, 1 za a sa. Sai 0, manunin dama. Da na hagu ne, 1. Na tsakiya 2 da 3. Na zobe 4 da 5. Ƙarami 6 da 7. Harafin A na ƙarshe yana nufin ana cikin jinyar farko. D na nufin zuwan wanki da duba warkewa. S na nufin matsalar da raunin ya bari daga baya. Suna kuma da ƙa'ida: idan likita bai faɗi ko ta cika ko ba ta cika ba, a lissafa ta cikakkiya.

Kada ku je asibitin Dakoro kuna neman a rubuta muku irin wannan doguwar lamba, ba tsarinmu ba ne. Amma ku lura da tambayoyin da ta amsa: wane hannu, wane yatsa, daga ina, ya rabu ko bai rabu ba. Waɗannan su ne ya kamata takardarku ta amsa da kalmomi.

Lamba ta biyu: me ya jawo?

Kundin bai tsaya ga raunin ba, yana son a faɗi sanadinsa da wata lamba dabam. W24 ta ƙunshi igiya, da bel, da abin da igiya ke gudu a kansa wajen ɗaga kaya. Mai jan ruwan da muka fara da shi nan ya faɗa. W26 wuƙa ce da takobi. W27 kayan aikin hannu ne marasa inji, irin gatari da hauya da almakashi. W30 injinan noma, W31 sauran injina. W23 matsewa tsakanin abu biyu. W55 cizo ko bugun dabba irin raƙumi da jaki, kare kuwa yana da tasa, W54. Mai babur da ya yi haɗari a hanya yana tsakanin V20 da V29. Idan kuma wani ne ya sare ku da gangan da abu mai kaifi, X99 ce. Ana iya ƙara alƙalamin wurin da abin ya faru: 0 gida, 4 titi, 7 gona.

Wannan lamba ta biyu daga bakinku take fitowa. Likita bai ga abin da ya faru ba. Kuma a nan ne mutanenmu suke cutar kansu. Yaron da ke aiki a injin niƙa, ubangidansa ya ce masa ya ce a gida ya ji ciwo. Matar da aka sara, kunya ko tsoro ya sa ta ce itace take faskare. Makiyayi da manomi sun yi rigima, dattawa suka ce a rufa asiri, aka ce haɗari ne. A ranar kowa yana ganin ya yi dabara. Bayan wata shida, alkawarin da aka yi da baki ya sha ruwa, mai rauni ya tashi neman haƙƙinsa, sai a buɗe rajista a karanta masa abin da ya faɗa da bakinsa. Sulhu alheri ne, ba wanda ya ce kada a yi. Amma a bar takardar asibiti ta faɗi gaskiya, sannan a yi sulhun a kanta.

A Dakoro, wa ke rubuta wannan?

Tsarin lafiyar Nijar hawa-hawa ne. Akwai ƙaramin ɗakin shan magani na ƙauye, sai cibiyar lafiya da ake kira CSI, irin waɗanda ke garuruwa kamar Kornaka da Sabon Mashi da Birnin Lalle, sai asibitin gunduma a garin Dakoro. Abin da ya fi ƙarfinsa sai a tura Maraɗi, tafiyar fiye da kilomita 100, inda akwai babban asibitin jiha da kuma asibitin ƙwararru. Daga nan sai Yamai.

A ƙananan cibiyoyi, majo, wato shugaban cibiyar, ko mataimakinsa yana rubuta sunanku da ciwonku a babban rajista da kalmomi. Ƙarshen wata a tattara, raunuka su shiga layinsu, zazzaɓin cizon sauro ya shiga nasa, a aika gunduma, a shigar a manhajar DHIS2, wadda Jami'ar Oslo ta Norway ta ƙirƙiro kuma ma'aikatar lafiya ke tattara alƙaluman ƙasa da ita. Don haka kada ku yi mamaki idan ba ku ga lamba ko ɗaya a karnenku, wato ɗan littafinku na asibiti, ba. An fi haɗuwa da lambobin a manyan asibitoci, da takardun inshora, da takardun masu zuwa jinya waje. Rashin lamba bai rage wa takardarku daraja ba matuƙar bayanin ya cika. Mai sa lamba, ko a Maraɗi yake ko a Yamai, daga wancan rubutun na farko zai ɗauko ta. Idan majo ya rubuta "rauni a hannu" kawai, to an gama, babu gwanin da zai iya fitar da S68.1 daga ciki.

Akwai wata hasarar da ta wuce ta mutum ɗaya. Idan duk yatsun da igiyar rijiya da bel ɗin inji suke ci suna shiga rajista da sunan "rauni", babu ranar da wani a ma'aikata zai ga adadinsu ya ce a tilasta sa murfi a kan bel, ko a turo likitan ƙashi.

Wa abin ya shafa?

Na farko ma'aikacin da ke da rajista a asusun kula da ma'aikata na ƙasa, CNSS. Haɗarin wurin aiki yana cikin abin da asusun ke ɗauka: kuɗin jinya, da na kwanakin da ba a yi aiki ba, da diyyar naƙasa idan ta tabbata. Wajibin wanda ya ɗauki ma'aikacin aiki ne ya sanar da haɗarin ba da jinkiri ba, tare da takardar likita. Likita ne zai ƙiyasta kashi nawa cikin 100 na ƙarfin aiki ya ragu, kuma ƙiyasin ya dogara ga wane yatsa, gaɓa nawa, kuma hannun da kuke aiki da shi ne ko ɗayan. Idan ku bahago ne, ku faɗa a rubuta. Gaskiyar magana, mafi yawan masu niƙa da makiyaya da manoman Dakoro ba su cikin wannan asusu. Su ne ma suka fi buƙatar takarda mai kyau, don ba su da wata hujjar sai ita.

Na biyu wanda mota ko babur mai inshora ya ji wa ciwo. Nijar tana cikin ƙasashen da ke bin dokar inshora ta CIMA, wadda aka rattaba hannu kan yarjejeniyarta a Yawunde a 1992. A wannan doka ma da ma'aunin naƙasa ake lissafi, kuma daga takardar likita ta farko ake farawa.

Na uku wanda aka sara. Idan magana ta je jandarma ko ƴan sanda, sukan ba da takardar neman likita ya duba ya rubuta shaida. A ciki ake faɗin irin raunin da yawan kwanakin da mutum ba zai iya aiki ba. Dokar hukunta laifuka tana ɗaukar dukan da ya jawo rasa gaɓa da nauyi fiye da wanda ya bar tabo kawai.

Kada ku ɗauka wannan ƙididdigar gaɓa-gaɓa baƙon abu ne da Turawa suka kawo. Duk almajirin da ya karanta Risala ta Ibn Abi Zaid ya wuce ta kan babin diyya, inda aka sa wa kowane yatsa raƙuma 10, wato ushirin cikakkiyar diyya ta raƙuma 100. Kowace gaɓa raƙumi uku da sulusi, gaɓar babban yatsa kuma raƙuma 5 tunda biyu gare shi. Malaman fiƙihu sun fi shekara dubu suna tambayar abin da mai sa lamba yake tambaya yau: yatsa nawa, gaɓa nawa. Idan an zauna sulhu gaban hakimi ko malamai bayan rauni ya warke, takardar da ta ce P3 ko P2 tana rage gardama.

Nawa ne kuɗin?

Ita lambar ba a sayar da ita. Rubuta ciwonku daidai a rajista da karne yana cikin aikin dubawa. Takardar shaidar likita ta musamman, wadda ake kaiwa kotu ko inshora, ita ce akan biya wa kuɗi. Ku tambayi farashinta a wurin biyan kuɗi na asibiti, ku biya a can, ku karɓi rasit.

Tun 2006 jinyar yara ƴan ƙasa da shekara 5 kyauta ce a asibitocin gwamnatin Nijar, ko da yake wani lokaci magani yakan yanke a rubuta muku ku sayo. A 2024 kuma gwamnati ta sanar da rage kuɗin ayyukan jinya da rabi a asibitocinta. Abin da ke cin aljihu da gaske shi ne kuɗin mota zuwa Maraɗi, da hoton ƙashi, da magani, da zaman mai jinya, da makonnin da hannu ke ɗaure. Idan da damina ne, noman shekara ke nan. Ku tara kowane rasit da kowace takardar magani a leda ɗaya.

Kafin a kai ga takarda

Takarda tana da lokacinta, jini ba ya jira. Ku danne wurin da tsumma mai tsabta, ku ɗaga hannun sama da ƙirji. Ku cire zobe tun kafin kumburi. Kada a ɗaure gindin yatsa tamau da roba ko zare, yana kashe abin da ya saura. Kada a zuba ƙasa, ko toka, ko garin taba, ko man birki, ko kashin shanu. Ta irin wannan hanya tetanos ke shiga, ciwon nan da ke sarƙe haƙora ya sandarar da jiki. Ku tambayi allurar rigakafinsa da zarar kun isa.

Idan yatsan yana reto, don Allah kada wani ya ce bari ya ƙarasa shi da reza don a huta. Ƴar fatar nan da kuke rainawa tana iya ɗauke da jijiyar jinin da za ta rayar da shi. Ku mayar da shi daidai mazauninsa a hankali, ku naɗe, ku tallafe shi da ɗan kwali ko kara, ku kama hanya. Bambancin "partielle" da "complète" ba a takarda kawai yake ba. Na farkon yana da damar tsira fiye da na biyun nesa ba kusa ba.

Idan ya rabu, ku ɗauki guntun, ku ɗauraye da ruwa mai tsabta, ku naɗe a tsumma mai ɗan danshi, ku sa a leda ku ƙulle, sannan ku sa ledar cikin ruwan ƙanƙara. Kada naman ya taɓa ƙanƙara kai tsaye, kada kuma a jiƙa shi tsundum cikin ruwa. Yatsa yakan jure wajen awa 12 ba sanyi, wajen awa 24 da sanyi. Tun 1965 wasu likitoci biyu a Japan, Komatsu da Tamai, suka mayar da babban yatsan da ya fita gaba ɗaya ya kama. Amma aiki ne na ɗinke jijiyoyi masu sirantar zare a ƙarƙashin madubin ƙara girma, ba irin wanda aka gina asibitin gunduma dominsa ba ne. Yatsan da igiya ta fizge ko inji ya murƙushe ma ya fi wuyar mayarwa a kan wanda wuƙa ta yanke tsaf. Sau da yawa abin da za a yi shi ne a wanke, a daidaita bakin ƙashi, a rufe da fata. Duk da haka ku tafi da guntun, likita ne zai yanke hukunci, wani lokaci ma fatarsa tana amfani wajen rufe wurin.

Ku riƙe lokacin da abin ya faru. Ko ba agogo, ku ce bayan azahar ne ko kafin la'asar.

Bayan rauni ya warke fa?

Lamba tana sauyawa. S68 ta sabon rauni ce. Idan bayan shekara kun koma saboda kan dungun yana zafi kamar ana tsira allura, ko sauran yatsun sun ƙage, T92.6 ce lambar abin da yankewa ta bari a hannu. Idan kuma ba ciwo, ana son a nuna kawai cewa babu yatsan a hannu ɗaya, Z89.0 ce. Wannan tana amfani a takardar neman aiki, ko wurin ɗaukar hoton yatsu na katin shaida da fasfo, inda za a tambaye ku dalilin da na'ura ba ta samu yatsa goma ba.

Haka kuma, yatsan da aka rubuta yana reto ranar farko yana iya yin baƙi bayan kwana uku, likita ya cire shi. Idan haka ta faru, ku tabbata an ƙara rubuta wannan da kwanan watansa. In ba haka ba, takarda za ta ce yatsa yana nan, hannu kuma ya ce babu.

Me za ku duba kafin ku fita?

Ba sai kun iya Faransanci ba. Ku ce wa majo ko likita, cikin ladabi, ya karanta muku abin da ya rubuta da Hausa. Yawancinsu za su yi, in ba layi ya yi musu yawa ba. In ya yi yawa, ku jira ya ragu. Ku saurara ko sunanku ya yi daidai da na katin shaidarku, don Abdu a nan, Abdullahi a can, ya isa ya tsayar da biyan kuɗi. Ku saurari kwanan wata, da dama ko hagu, da sunan yatsan, da gaɓar, da ko ya rabu ko yana reto, da abin da ya jawo, da inda ya faru. Sannan ku ga sa hannu da hatimi.

Idan akwai kuskure, ku faɗa nan take, wanda ya rubuta shi ne zai gyara ya sa hannu a gefen gyaran. Kada ku goge ko ku ƙara ko da harafi ɗaya da hannunku, yin haka yana ɓata takardar gaba ɗaya. Ku ɗauki hotonta da waya, ku ɗauki hoton hannun ma kafin a naɗe idan hali ya yi. Duk ofishin da ya nemi takardar, ku ba shi kwafi, ta asalin ta zauna a gida cikin leda, a akwatin da kuke ajiye takardar gona da ta haihuwar yara.